GABA DA GABANTA: TARIHIN ƊAUKAKA ƘARA DA SAKE SHARI'A A ƘASAR DAURA

 

Gabatarwa

Da wuya a sami ɗan asalin ƙasar Daura mazaunin Kano ko Kaduna ko Abuja ko Ikko wanda bai taɓa samun saƙo daga gida cewa ana shari'a ba. Wani lokaci gonar gado ce a Zango, wani lokaci kangon gida ne a cikin birni, wani lokaci kuma iyakar gona ce tsakanin maƙwabta a Baure ko Sandamu ko Mai'aduwa. Abin da ake nema a wurin na birni bai wuce kuɗin mota da na lauya ba. Zai yi ta aikawa shekara ɗaya, biyu, har uku, sai wata rana ƙaninsa ya bugo masa waya ya ce: "Yaya, kotun sama ta rushe hukuncin, ta ce a koma a sake shari'a tun daga farko." Nan take gida zai rabu biyu, waɗansu na murna wai an yi nasara, waɗansu na jimami wai an koma gidan jiya. Alhali kuwa a wannan mataki babu wanda ya ci, babu kuma wanda ya faɗi.

Manufar wannan maƙala ita ce ta bi sawun wannan al'amari tun daga tushe: yadda kakanninmu suke kai kuka gaba idan hukuncin alƙali bai gamsar da su ba, da yadda Turawa suka sauya hanyar, da yadda muka iso ga matakalar kotunan da muke da ita a yau, da kuma dalilan da ke sa babbar kotu ta mayar da shari'a baya maimakon ta raba gardama da kanta. Masu iya magana sun ce waiwaye adon tafiya.

Kafin Zuwan Turawa

Kuskure ne a ɗauka cewa Bature ne ya kawo mana ɗaukaka ƙara. Malaman fiƙihun Malikiyya, waɗanda alƙalan ƙasar Hausa suka yi karatu a kan littattafansu irin su Muhtasar na Shaihu Halilu da Tuhfa ta Ibn Asim, sun daɗe da shimfiɗa ƙa'idar warware hukunci. A wurinsu, idan alƙali adali ya yi ijtihadi a kan mas'alar da malamai suka yi saɓani, ba a warware hukuncinsa don kawai wani alƙalin yana da ra'ayi daban. Amma idan hukuncin ya saɓa wa nassi bayyananne, ko ijma'i, ko ƙiyasi bayyananne, ko ƙa'idojin shari'a, to wajibi ne a warware shi, ko da shi alƙalin ne da kansa ya gano kuskuren. Wannan ya yi daidai da nasihar da Sayyidina Umar ya rubuta wa alƙalinsa Abu Musa Al'ash'ari, inda ya hore shi da kada hukuncin da ya riga ya yanke ya hana shi komawa ga gaskiya idan ta bayyana gare shi daga baya.

A aikace, talaka yana da matakai. Ƙaramar rigima takan mutu a zauren mai unguwa ko dagaci. Wadda ta gagara takan je gaban alƙali, inda muhuti ke zaune a gefensa yana taimaka masa da duba littattafai. Wanda bai gamsu ba yakan kai kuka fada, domin Sarki da majalisarsa su ne ke da ikon mayar da zalunci, musamman a kan abin da ya shafi ƙasa da jini da kuma ƙarar masu sarauta. Shaihu Abdullahi ɗan Fodiyo ya yi bayanin wannan aiki na sauraron koken waɗanda aka zalunta a littafinsa Liya'ul Hukkami, wanda ya rubuta a Kano domin shiryar da masu mulki.

Sai dai ƙasar Daura tana da nata yanayi na daban a ƙarni na 19. Bayan da Malam Isiyaku ya karɓi birnin Daura a shekarar 1805, Sarki Gwari Abdu ya fita, kuma daga bisani zuriyar tsohuwar sarauta ta kafu a Zango da Baure. Ke nan ƙasa ɗaya ta koma hannun fadoji uku. Mutumin birnin Daura yana ƙarƙashin tutar Sakkwato, kuma sama da Sarkinsa akwai Sarkin Musulmi. Mutumin Zango ko Baure kuwa ba ya cikin wannan tsari, hasali ma tasirin Damagaram ne ya fi ƙarfi a kansu. Saboda haka inda mutum yake zaune shi ke nuna ƙofar da kukansa zai tsaya.

Zamanin Razdan Da Di'o

Da Turawa suka ci Arewa, Gwamna Lugga bai rushe kotunan alƙalai ba. Dokar kotunan gargajiya ta 1900, da wadda ta maye gurbinta a 1906, sun bar alƙalai da sarakuna a kan shimfiɗunsu, amma da takardar izini daga hannun Razdan. Aka hana yanke hannu da makamantan hukunce-hukunce, daga baya kuma aka kasa kotuna daraja huɗu, daga ta A zuwa ta D. Masu daraja ta A kaɗai ke iya yanke hukuncin kisa, shi ma ba a zartarwa sai Gwamna ya sa hannu. A wannan zamani ne Turawa suka dawo da Malam Musa daga Zango zuwa gadon kakanninsa a Daura. Bayan rasuwarsa a 1911, ɗansa Abdurrahman ya gaje shi, ya kuma yi shekara 55 a kan karaga, har zuwa 1966.

A waɗannan shekaru na farko babu hanyar ɗaukaka ƙara daga kotun alƙali zuwa kotun Turawa, kuma ba a yarda lauya ya tsaya gaban alƙali ba. Abin da ake da shi shi ne ikon bita da ke hannun Razdan da Di'o. Suna da damar shiga kowace kotu su duba littafin shari'a, su rage hukunci, su ɗauke shari'a su kai wata kotu, ko su umarci a sake sauraron ta. A nan ne aka fara ganin umarnin sake shari'a a rubuce a ƙasarmu. Illar tsarin ita ce mai bitar jami'in mulki ne, ba masanin shari'a ba, sau da yawa kuma lissafinsa na siyasa ne: kada a kunyata Sarki, kada a tayar da ƙura.

Gwamna Kamaru, wanda ya mulki Nijeriya daga 1931 zuwa 1935, shi ne ya kawo babban sauyi. Dokokinsa na 1933 sun soke kotunan lardi da Razdan-Razdan ke shugabanta, suka kafa Babbar Kotu da kotunan majistare, suka kuma buɗe hanyar ɗaukaka ƙara daga manyan kotunan gargajiya zuwa kotunan Turawa, har a kai ga Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Afirka ta Yamma. A shekarar 1934 da waɗannan dokoki suka fara aiki, a cikinta ne aka cire Daura daga Lardin Kano aka haɗa ta da Katsina a sabon Lardin Katsina.

Shari'ar Da Ta Girgiza Fadoji

Haɗa hanyoyi biyu a matakala ɗaya bai zo da sauƙi ba. Alƙali yana hukunci da fiƙihun Malikiyya, joji kuwa yana dubawa da idon dokar Ingila. Rikicin ya fito fili a 1947 a shari'ar Tsofo Gubba da En'e ta Gwandu. Kotun Sarkin Gwandu ta yanke masa hukuncin kisa bisa kashe wani mutum da ya yi, domin a mazhabar Malikiyya tsokana ba ta mayar da kisan ganganci ya zama ƙaramin laifi. Kotun Afirka ta Yamma ta ce a ƙarƙashin dokar laifuka ta gwamnati, kisan da aka yi cikin zafin tsokana ba ya kai mutum ga igiya, don haka ta soke hukuncin.

Sarakuna da alƙalan Arewa sun ɗauki wannan a matsayin shisshigi ga shari'ar Musulunci. Gwamnati ta yi gaggawar gyara doka a 1948, ta kuma naɗa kwamitin bincike a ƙarƙashin Mai Shari'a Buruk domin ya duba kotunan gargajiya. Daga cikin abin da ya biyo baya akwai sabuwar dokar kotunan gargajiya ta Jihar Arewa ta 1956, da kafa Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Musulmi a wannan shekarar.

Da 'yancin kai ya ƙarato, gwamnatin Sardaunan Sakkwato, Sir Ahmadu Bello, ta gayyato kwamitin masana a 1958 ƙarƙashin jagorancin Babban Jojin Sudan, Sayyid Muhammad Abu Rannat. A cikinsa akwai Mai Shari'a Muhammad Sharif daga Pakistan, da Farfesa Anderson daga Landan, da 'yan ƙasa irin su Shettima Kashim. Shawarwarinsu ne suka haifar da dokar Final Kod wadda ta fara aiki a 1960, da kuma Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a mai mazauni a Kaduna, wadda aka danƙa wa al'amuran aure da saki da gado da wasiyya da waƙafi. Shaihu Abubakar Mahmud Gumi ya zama Alƙalin Alƙalanta a 1962. A shekarar 1963, da Nijeriya ta zama jamhuriya, aka daina kai ƙara Landan, Kotun Ƙoli ta zama tiƙe.

Mataki na ƙarshe a wannan babi ya zo da mulkin soja. A 1967 aka soke kotunan sarakuna, a ranar 1 ga Afrilu 1968 kuma kotunan yanki suka maye gurbin kotunan En'e, aka cire alƙalai daga hannun Sarki aka sa su ƙarƙashin Babban Joji. Marigayi Sarkin Daura Alhaji Muhammadu Bashar, wanda ya hau gado a 1966, bai daɗe ba wannan sauyi ya riske shi. Daga nan har rasuwarsa a 2007, abin da ya rage a hannun fada shi ne sulhu da nasiha, kuma haka yake har zamanin Mai Martaba Alhaji Umar Faruk Umar.

Matakalar Yau Da Tarkon Hurumi

An kafa Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Tarayya a 1976 domin ta tsaya tsakanin manyan kotunan jihohi da Kotun Ƙoli. Abin alfahari ne cewa 'ya'yan wannan jiha sun riƙe ragamar waɗannan kotuna: Mai Shari'a Mamman Nasir, Galadiman Katsina, ya shugabanci Kotun Ɗaukaka Ƙara daga 1978 zuwa 1992; Mai Shari'a Muhammadu Bello ya zama Babban Jojin Nijeriya daga 1987 zuwa 1995; Mai Shari'a Umaru Abdullahi, Walin Hausa, shi ma ya shugabanci Kotun Ɗaukaka Ƙara daga 1999 zuwa 2009. Da aka ƙirƙiro Jihar Katsina a ranar 23 ga Satumba 1987, ta sami Babbar Kotu da Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a nata na kanta, a shekarar 2000 kuma kotunan shari'ar Musulunci suka maye gurbin kotunan yanki.

A nan akwai wani rami da ya cinye dukiyar gidaje da yawa. Sashe na 277 na Tsarin Mulkin 1999 ya iyakance hurumin Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ga al'amuran iyali: aure, da riƙon yara, da kyauta, da wasiyya, da waƙafi, da gado. Idan magada ne ke jayayya a kan yadda za a raba gonar mahaifinsu, wannan gado ne, hanyarsa ke nan. Amma idan maƙwabta ne ke jayayya a kan wane ne mai gonar, ko ina iyaka ta tsaya, ko ciniki ne aka yi ko jingina, to Babbar Kotun Jiha ce ke da hurumin sauraron afil ɗin. Kotun Ƙoli ta tabbatar da haka a 1992, ta sake jaddadawa a 2000. Mutanenmu kuwa, saboda sabo da kuma natsuwar da suke samu a gaban malamai masu jin harshensu, sukan nufi kotun Alƙalin Alƙalai kai tsaye. Sai a yi shekaru ana fafatawa, a kai Kaduna gaban Kotun Ɗaukaka Ƙara, a nan ne za a ce duk abin da aka yi a tsakiya aikin banza ne, a ɗauki takardu a koma Babbar Kotu a fara afil sabo. Hukuncin kotun da ba ta da hurumi, komai kyansa, tamkar sallar da aka yi ba alwala ne.

Me Ke Sa A Mayar Da Shari'a Baya?

Kotun sama ba ta sake kiran shaidu a bisa al'ada. Abin da ke gabanta shi ne kwafin shari'a, wato abin da aka rubuta a kotun ƙasa. Bayan ta karanta, ta saurari hujjojin ɓangarorin biyu, tana da zaɓi uku. Ko ta tabbatar da hukuncin, ko ta rushe shi ta yanke wanda ya dace da kanta, ko kuma ta rushe shi ta mayar da shari'ar a sake sauraro, galibi a gaban wani alƙali daban.

Zaɓi na uku yana zuwa ne idan ɓarakar tana cikin yadda aka gudanar da shari'ar, har ta kai abin da ke rubuce bai isa a gina sabon hukunci a kansa ba. A kotunanmu na Musulunci, babban dalilin da aka fi cin karo da shi shi ne rashin i'izari. I'izari shi ne tambayar da alƙali zai yi wa wanda hukunci zai hau kansa kafin ya yanke: shin kana da sauran hujja? Fiƙihun Malikiyya ya ɗauki wannan tambaya a matsayin sharaɗi, kuma manyan kotunan Nijeriya sun sha rushe hukunci saboda ba a ga alamarta a kwafin shari'a ba. Sauran dalilan sun haɗa da hana mutum damar sukar shaidun abokin shari'arsa, da ɗora rantsuwa a kan wanda ba shi ya kamata ya yi ta ba, da rashin tantance wane ne mai da'awa wane ne wanda ake da'awa a kansa, da yanke hukunci a bayan idon mutum ba tare da sammaci ya isa gare shi ba. Haka kuma idan gardamar ta rataya ne a kan wane shaida ya faɗi gaskiya, kotun sama ba ta ga fuskokinsu ba, ba ta ji rawar muryarsu ba, don haka takan bar wannan aiki ga wanda zai gan su ido da ido.

A shari'ar laifi kuwa an fi tsanantawa, domin Sashe na 36 na Tsarin Mulki ya hana a gurfanar da mutum sau biyu a kan laifi ɗaya sai da umarnin babbar kotu. Tun a 1959, a shari'ar Abodundu, Kotun Ƙoli ta Tarayya ta gindaya sharuɗɗa biyar: a sami kuskuren doka ko na tsari wanda zai iya jawo rashin adalci, hujjojin da aka gabatar su nuna akwai tuhuma mai ƙarfi, kada sake gurfanarwar ya zama gallazawa, laifin ya kasance ba ƙarami ba, sannan ƙin sake shari'ar ya fi sake ta jawo rashin adalci.

Misalai biyu za su nuna bambancin. A watan Maris na 2002 kotun shari'a ta Bakori ta yanke wa Amina Lawal hukuncin jifa, babbar kotun shari'a ta Funtuwa ta tabbatar a watan Agusta na wannan shekarar. A ranar 25 ga Satumba 2003, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ta Jihar Katsina, da rinjayen alƙalai huɗu a kan ɗaya, ta rushe hukuncin. Daga cikin dalilanta akwai cewa alƙali ɗaya ne ya zauna alhali doka ta tanadi mutum uku, da cewa mai iƙirari yana da damar janye iƙirarinsa, da kuma mas'alar kwantaccen ciki a mazhabar Malikiyya. Ba ta mayar da shari'ar baya ba, sallamarta ta yi, domin hujjar kanta ce ta rushe. A Kano kuwa, a watan Janairu na 2021, Babbar Kotun Jiha ta rushe hukuncin kisa da wata babbar kotun shari'a ta yanke wa wani mawaƙi a 2020, saboda an yi shari'ar ba tare da lauya mai kare shi ba. A nan tsari ne ya ɓaci, don haka ta umarci a sake shari'a, Kotun Ɗaukaka Ƙara kuma ta goyi bayan wannan umarni a watan Agusta na 2022 da rinjayen biyu a kan ɗaya.

Ɗan Daura A Gaban Kotun Zaɓe

Ba za a yi tarihin ɗaukaka ƙara a mujallar mutanen Daura a tsallake marigayi Shugaba Muhammadu Buhari ba, wanda Allah Ya yi wa rasuwa a ranar 13 ga Yuli 2025. Sau uku yana hawa wannan matakala har ƙarshenta. Ƙararsa a kan zaɓen 2003 ta fara ne a Kotun Ɗaukaka Ƙara, wadda ita ce kotun farko a zaɓen shugaban ƙasa. Ba a yanke hukunci ba sai a watan Disamba na 2004, inda Mai Shari'a Nsofor shi kaɗai ya goyi bayansa, Kotun Ƙoli kuma ta rufe babin a ranar 1 ga Yuli 2005, bayan an cinye fiye da rabin wa'adin mulkin da ake jayayya a kansa. Ƙararsa a kan zaɓen 2007, wadda ta haɗa shi da ɗan jiharsa, marigayi Umaru Musa 'Yar'aduwa, ta ƙare a ranar 12 ga Disamba 2008 da rinjayen alƙalai huɗu a kan uku. Masu Shari'a Oguntade da Aloma Mukhtar da Onnoghen sun ga ya kamata a soke zaɓen, musamman saboda takardun ƙuri'a marasa lambar jeri. Ta uku, wadda jam'iyyarsa ta CPC ta shigar a kan zaɓen 2011, ta ƙare a Kotun Ƙoli a watan Disamba na wannan shekarar.

Me ya sa ta uku ta yi sauri haka? Saboda jan ƙafar da aka gani a baya, irin wanda ya sa Peter Obi bai karɓi kujerar gwamnan Anambra ta zaɓen 2003 ba sai a watan Maris na 2006, an gyara Sashe na 285 na Tsarin Mulki a 2010. Aka ba mai ƙara kwana 21 ya shigar da ƙara, kotun zaɓe kwana 180 ta yanke hukunci, kotun afil kuma kwana 60. Gyaran ya yi maganin wata cuta, ya kuma haifar da wata. A watan Nuwamba na 2011 Kotun Ƙoli ta umarci a koma a saurari ƙararrakin zaɓen gwamnonin Binuwai da Akwa Ibom, domin an kore su tun farko a kan ƙa'idar shigar da takarda, ba a taɓa gundarin maganar ba. Amma a watan Fabrairu na 2012, a shari'ar zaɓen gwamnan Borno, kotun ta ce kwana 180 ɗin nan daga ranar shigar da ƙara ake lissafa su, kuma babu kotun da za ta ƙara ko yini ɗaya, ko da umarnin sake shari'a ne. Da haka waɗannan ƙararraki suka mutu ba tare da an saurari hujjojinsu har ƙarshe ba. Tun daga lokacin, umarnin a koma kotun zaɓe ba ya da amfani sai idan akwai sauran kwanaki a cikin wa'adin.

Abin Da Ya Rage Gare Mu

Ya 'yan uwa mazauna birane, shari'ar gona ba ta da wa'adin kwana 180, amma tana da nata agogon, wato rayuwar shaidu. Idan aka ce a sake shari'a, komai sabo ake farawa. Dattijon da ya san inda aka dasa gamba ko aduwar da ke kan iyaka, wataƙila ya riga mu gidan gaskiya, kuma ba a karɓar tsohuwar shaidarsa sai da sharuɗɗa masu tsauri. Wanda ke riƙe da gonar yana ci gaba da nomansa, wanda ke nema yana ci gaba da sayar da bisashensa.

Saboda haka akwai abubuwan da ya kamata mu kiyaye. Na farko, a ba shari'a muhimmanci tun tana kotun ƙasa, domin abin da ba a faɗa a can ba da wuya a saurare shi a sama. Na biyu, da zarar an yanke hukunci a nemi kwafin shari'a, a ba wanda ya sani ya karanta, a tabbatar abin da aka faɗa shi aka rubuta. Na uku, a kiyaye wa'adi: a Kotun Ɗaukaka Ƙara wata uku ne ga hukuncin ƙarshe a shari'ar da ba ta laifi ba, kwana 14 ga hukuncin tsakiyar shari'a, a ƙananan kotuna kuwa wa'adin bai kai wata uku ba, don haka a tambayi rajistara tun ranar hukunci. Na huɗu, kafin a biya kuɗin afil a tambayi lauya a fili: wannan gado ne ko jayayyar mallaka, kuma wace kotu ce ke da hurumi? Na biyar, a riƙa rubuta ciniki da jingina da aro da kyauta tun iyaye suna raye, da sa hannun shaidu da sanin mai unguwa da dagaci.

Muna kuma kira ga ƙungiyarmu da ta tattara 'ya'yanta lauyoyi da malaman fiƙihu da tsofaffin alƙalai su zama kwamitin ba da shawara kyauta, ko da a lokutan bikin Sallah da Gani ne da kowa ke gida. Shawarar rabin sa'a tana iya ceton gida daga wahalar shekara goma.

Kammalawa

Daga zauren alƙali zuwa fada, daga teburin Razdan zuwa Kotun Afirka ta Yamma, daga Kaduna zuwa Abuja, hanyoyi sun sauya amma manufar ɗaya ce: alƙali ɗan Adam ne, yana iya kuskure, dole a sami na gaba da shi wanda zai duba. Umarnin sake shari'a wani ɓangare ne na wannan kariya, domin yana tabbatar da cewa ba a karɓe haƙƙin mutum ba tare da an ji ta bakinsa ba. Sai dai Hausawa sun ce shari'a mace ce da ciki, ba a san abin da za ta haifa ba. Idan kotun sama ta mayar da 'yan uwa baya, wannan dama ce ta su zauna gaban dattawa su gwada sulhu kafin su sake ɗaukar sammaci, domin gonar da aka raba a zaure takan bar zumunci da rai.

Allah Ya jiƙan magabatanmu, Ya ƙara wa Mai Martaba Sarki lafiya da nisan kwana, Ya yi wa alƙalanmu jagora, Ya zaunar da ƙasar Daura da Nijeriya baki ɗaya lafiya. Amin.